Darakta kuma shi ne jarumi: a ina aikin yake karkacewa?

Ɗan Kawo:
Assalamu alaikum 'yan zaure. Tambayata ga manyanmu ce, waɗanda suka san dandamali suka kuma san kyamara. Idan aka dubi zamanin su marigayi Kasimu Yero da marigayi Usman Baba Pategi, wato Samanja, za a ga ɗan wasa ɗaya ya yi rediyo, ya hau dandamali, ya fito a talabijin, wani lokacin ma shi ke tsara wa abokan wasansa abin da za su yi, kuma abin ya yi armashi. Yau kuwa da zarar darakta ya ce shi ne jarumin fim ɗinsa, sai ka ga aikin ya fito a karkace. Hannu ne ya ragu, ko me?

Baba na Tudun Wada:
Wa alaikumus salam. Hannu bai ragu ba, ɗana. Kayan aiki ne suka canza, mutane kuma ba su lura sun canza ba.

Gidan rediyo da talabijin na Jihar Arewa ya fara aiki a nan Kaduna a 1962, kafin talabijin ɗin ya koma ƙarƙashin NTA a 1977, rediyon kuma ya zama Rediyon Tarayya. Yawancin waɗanda suka taso a wannan gida makirufo suka fara sani kafin kyamara. Ɗan wasan rediyo ba shi da fuska, ba shi da riga, murya ce kaɗai jarinsa, da ita zai nuna tsoro da izza da munafunci. Samanja, wanda ya rasu a Nuwamban 2023, tsohon soja ne, Hausar barikin nan da yake yi ba a takarda ya tsince ta ba. Kasimu Yero, da ya rasu a 2017, ya yi wasa da Hausa ya yi da Turanci, 'yan Kudu ma sun san fuskarsa.

Amma ga asalin amsarka. Wasan situdiyo da kyamara biyu ko uku ake ɗaukarsa a lokaci guda. Ɗaya ta kama ɗakin gaba ɗaya, sauran suna kan fuskoki, wani kuma yana can ɗakin sarrafawa yana zaɓar hoton da zai fita. Fitowa guda ana iya yin ta daga farko har ƙarshe ba tsayawa. A irin wannan tsari shugaban wasa zai zaunar da mutanensa ya ce: kai za ka zo karɓar bashi, ke za ki ce maigida ba ya nan, ni kuma sai tari ya kufce mini daga cikin ɗaki. Shi ke nan, kowa ya zuba maganarsa. Ko ya shiga cikin wasan ba komai, domin idon da ke kallon hoto yana wani ɗaki daban.

Yanzu kuwa galibi kyamara ɗaya ce a lokeshan. Fitowa ɗaya sai an maimaita ta aƙalla sau uku: daga nesa, sannan fuskar wannan, sannan fuskar wancan. In ba a rubuta magana an haddace ba, abin da aka faɗa a ɗaukar farko ba shi za a faɗa a ta biyu ba. Wanda ya kamata ya kama wannan kuskure kuma shi ne can ya sha babbar riga yana gaban kyamara.

Edita na Malali:
Baba ya gama magana. Mu ne ake kawo wa gawar. Abu biyu ne ke yawan zuwa teburin edita daga irin wannan aiki.

Na farko, hannu da baki ba sa haɗuwa. A hoton nesa jarumi ya ɗaga kofin shayi yana cewa "ai na faɗa miki", a hoton kusa kuma kofin na ƙasa sai bayan ya gama jimlar ya ɗauka. Babu inda za ka yanka bai yi tsalle ba. Dole ka gudu zuwa fuskar mai sauraro, in ma an ɗauke ta.

Na biyu, tsallake layi. Mutum biyu suna magana, ka ɗauka akwai igiya daga hancin wannan zuwa hancin wancan. Kyamara ta zaɓi gefe ɗaya na igiyar ta zauna can har fitowar ta ƙare. In ta tsallaka, a allo dukansu biyu za su kalli gefe guda, kamar suna yi wa wani na uku magana. Darakta da ke zaune gaban monita zai gani nan take. Wanda ke cikin wasa ba zai gani ba, don shi a wajensa abokiyar wasan tana nan gabansa inda take. Akan juya hoton a kwamfuta don a rufa asiri, amma sai karin hula ya koma ɗaya gefen, agogo ya sauya hannu, in akwai kalanda a bango rubutun ya juye.

Malam na Samaru:
Allah ya ƙara wa Baba lafiya, amma ina da ɗan ja. Kamar an nuna a dandamali abin mai sauƙi ne. Ba haka ba ne. Darakta a dandamali aikinsa shi ne ya zama ɗan kallo na farko. Yau ya zauna a layin gaba, gobe a kujerar ƙarshe, jibi a can lungun hagu, yana duba wa ya tare wa, muryar wa ba ta isowa. Wanda ke kan dandamali ba ya ganin wannan. A wuri irin ɗakin wasan ABU da ke Samaru, wanda aka gina da ƙasa a shekarun 1970 bisa siffar gidan Bahaushe, 'yan kallo ba gefe ɗaya suke ba, saboda haka duk inda ɗan wasa ya juya ya ba wani baya. Nan sai da idon waje.

Ku dubi Shehu Umar. Umaru Ladan yana cikin mutum biyun da suka mayar da littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa wasan dandamali, shi da Dexter Lyndersay. Babu wanda ya fi shi sanin labarin. Amma da aka zo fim ɗin 1976, shi ya fito a matsayin Shehun, Adamu Halilu ya riƙe umarni. Kowa da kujerarsa. Fim ɗin da aka gyara aka sake nuna shi a bikin finafinai na Berlin a 2018, ba a kan son rai aka yi shi ba.

Ga yadda bita take in ana son wasa na awa ɗaya da rabi ya tsaya da ƙafarsa. Mako biyar zuwa shida, kwana biyar a mako, awa uku kullum. Makon farko a zaune ake yi, karatu kawai, kowa ya san me yake nema a wajen wa a kowace fitowa. Mako na biyu a tashi tsaye da takarda a hannu, a shata faɗin dandamalin a ƙasa da alli, a tsayar da inda kowa zai shigo, inda zai tsaya, inda zai zauna, mai kula da dandamali yana rubutawa da fensir a gefen littafinsa. Da fensir, don za a goge. Ƙarshen mako na uku a ajiye takarda, wanda bai haddace ba ya ji kunya tun yanzu, ba ranar wasa ba. Na huɗu da na biyar a riƙa bi kashi-kashi, sannan gaba ɗaya da agogo. Kwana ukun ƙarshe na fitila ne da sauti da sutura. To a cikin wannan duka, darakta da ya ɗauki babban matsayi a wane lokaci zai zauna ya kalla? In dai ya matsa, ya ɗauki ƙaramin matsayi, mai fitowa biyu ko uku, kuma ya sa wani ya tsaya masa a bita har makon ƙarshe.

Baba na Tudun Wada:
Ban musa ba, Malam. Na ce idon yana wani ɗaki, ban ce babu ido ba.

Mai Kyamara U/Rimi:
Malam, ranka ya daɗe, ni ban yarda a ce ba ya yiwuwa a fim ba. Yana yiwuwa, ana kuma yi a duniya. Sai dai yana da tsada, ba tsadar kuɗi ba, ta shiri. Inda ake faɗuwa shi ne mutum ya zo lokeshan da labari a kansa kawai.

Kafin ranar ɗauka, a zauna mutum uku: darakta, mai kyamara, mataimakin darakta. Kowace fitowa a zana ɗakin daga sama a takarda, ga ƙofa, ga taga, ga kujera, a sa lamba a duk inda kyamara za ta tsaya, a ja layin nan da Edita ya faɗa. Shafi ɗaya na sikirif kusan minti ɗaya ne a allo, kuma hira ta mutum biyu mai shafi biyu tana cin tsayuwar kyamara uku zuwa biyar. Kowace tsayuwa, da gyaran fitila, ba ta kasa minti ashirin. Ku lissafa. Wanda ya ce zai ɗauki shafi goma sha biyar a wuni kuma yana cikin goma daga ciki, ya riga ya yanke shawarar ba zai kalli komai ba.

A lokeshan kuma a samo mai tsaya masa, wanda tsawonsu da launin fatarsu suka zo kusa. Da shi za a saita fitila da fokas, wato inda hoto zai fito tar, darakta yana gaban monita yana gani da idonsa. In ya gamsu, a manna tef a ƙasa daidai yatsun ƙafa, sannan ya je ya tsaya. Launin fata ba wasa ba ne: in ka saita haske a kan fari tas, baƙi ya zo ya tsaya, fuskar ta nutse.

Sannan "kat", wato umarnin tsayar da ɗauka, ba a bakinsa take ba. Mataimaki ne zai faɗa. Darakta da ke cewa kat da kansa yana yanke wasan da zarar ya gama jimlarsa, alhali edita yana buƙatar daƙiƙa uku zuwa biyar na shiru bayan maganar ƙarshe. Sau da yawa ma abin da ya fi kyau a fitowar yana cikin wannan shirun ne, a fuskar wadda aka yi wa magana.

A fara da hotunan da ba ya ciki ko waɗanda bayansa kawai ake gani, a bar hoton kusa ɗinsa ya zama na ƙarshe.

Ummin Barnawa:
Yaya Mai Kyamara, me ya sa nasa zai zama na ƙarshe? Na ɗauka gara ya yi tun yana da ƙarfi.

Mai Kyamara U/Rimi:
Don in ya fara da kansa, zai yi ɗauka takwas yana neman ta fi kyau, rana ta tafi, abokiyar wasansa ta samu ɗauka ɗaya a gurguje. Ki lura da irin waɗannan finafinan, fuskar jarumi fes, ta saura kamar an ɗauka a guje. In nasa ne na ƙarshe, agogo zai tsawata masa.

Hajiya Mai Sutura:
Sannunku da ƙoƙari. Ni kwantiniti zan taɓa, wato tabbatar da komai ya zauna yadda yake daga ɗauka zuwa ɗauka, don kayanmu na Hausa sun fi kwat da wando wuyar riƙewa, kuma babu mai faɗa.

Babbar riga kowane motsi sai ta sauya. Wace kafaɗa aka naɗe, sau nawa, aikin wuyan yana tsakiya ko ya zame? Karin hula hagu ko dama? Rawani in aka kwance don a yi sallar azahar, ba zai koma yadda yake ba sai an yi hotonsa ta gaba da baya da gefe tun da safe. Mayafi a ka yake ko a kafaɗa, wane gefe aka yafa? Carbi a wane hannu? Lalle yana dusashewa, in fitowar daren biki aka raba ta kwana huɗu, hannun amarya zai tona. Mai kwantiniti ya yi hoton kowane ɗan wasa da waya kafin "akshan" da bayan "kat", ya rubuta lambar fitowa a kai. Kuma shi kaɗai ne ke da izinin ya ce wa darakta, Alhaji, gyara rigarka. In yaro ne da ke tsoron mai gida, ba zai faɗa ba. A ba babba wannan aiki.

Farar shadda tas kada a sa wa baƙin mutum a rana. Kyamara ba za ta iya riƙe duka biyu ba, ko rigar ta ƙone ko fuskar ta yi duhu. A nemi ruwan madara ko sararin samaniya mai haske, a allo fari za a gani. Yadi mai ƙananan ratsi kusa da kusa, irin wani saƙin, rawa yake yi a hoto. A dandamali kuwa akasin haka ne, aikin zare mai laushi ɓata kuɗi ne, daga layi na biyar ba mai ganinsa, launi da girma ake so.

Kayan talaka kuma kada a ɗinka sabo. Kasuwar Barci na nan, a sayo wanda ya sha jiki, biyu iri ɗaya in akwai faɗa ko ruwa a fitowar.

Malam Mai Sauti:
Hajiya ta taɓo shadda, bari in ɗora. Sabuwar shadda da ta sha bugu ita ce babbar abokiyar gabar ƙaramin makirufon da ake maƙalawa a ƙirji. Kowane numfashi sai ka ji ƙaras-ƙaras. Awarwaro da sarƙa haka. In dole sai an ɓoye shi a cikin riga, a naɗe kansa da ɗan auduga, a manne shi da filasta a jikin singileti, a yi wa wayar ɗan lanƙwasa a manne ta ita ma, don kada jan waya ya shiga. Amma makirufon sanda ya fi, daga sama, kamar taku ɗaya zuwa biyu daga kan mai magana, bakinsa yana kallon bakin ɗan wasa, ba bango ba.

Nan ne ɗan dandamali ke ba da wahala. An koya masa ya jefa murya har kujerar ƙarshe. Ka saita na'ura a kan maganarsa ta gwaji, allurar ma'aunin sauti tana kai wa wajen -12, ƙasa da inda sauti ke fashewa, da an ce akshan sai ya buɗe maƙogwaro, sauti ya fashe. Fasasshen sauti kuwa ba ya gyaruwa. A sa shi ya yi gwaji da jimlar da ta fi ƙarfi a fitowar, ba "ɗaya, biyu, uku" ba.

Janareta ya yi nisan mita talatin ko fiye, bayan katanga, da waya mai kauri. Fanka a kashe, firji a kashe, wanda ya kashe firjin ya sa makullin motarsa a ciki don kada a tafi a bar wa masu gida nama ya lalace. Bayan kowace fitowa kowa ya yi tsit na daƙiƙa talatin a ɗauki shirun ɗakin, da shi edita ke cike giɓi. Kuma a san unguwa. Wajen Mando da Kawo jiragen sojan sama suna wucewa, Rigasa akwai jirgin ƙasa, ko'ina akwai lasifikar masallaci, saboda haka a tsara hutu ya faɗo kan azahar da la'asar. Darakta da ke cikin wasa ba ya jin jirgi, yana cikin kuka ko faɗa. Mai sauti ya ɗaga hannu, mataimaki ya tsayar.

Ɗan Kawo:
Allah ya saka da alheri. To shi ɗan wasan da ya taso a dandamali, ya ake rage shi ya dace da kyamara? Cewa "rage" kawai ba ya aiki, sai ya koma kamar gunki.

Malam na Samaru:
Don "rage" ba umarni ba ne. Ka ba shi nisa. A dandamali yana magana da mutumin da ke mita ashirin. Ka ce masa wanda kake yi wa magana yana nan, nisan hannu, kuma akwai jariri yana barci a ɗakin. Muryar za ta sauko da kanta ba tare da zafin maganar ya mutu ba.

Sai ido. A dandamali ana buɗe jiki ga 'yan kallo, a tsaya a ɗan karkace, a yi nuni da hannun da ke nesa da su don kada a rufe fuska. A hoton kusa duk wannan ba shi da amfani, hannun ma ba ya cikin hoto. Ya zaɓi ido ɗaya na abokin wasansa, wanda ya fi kusa da kyamara, ya tsaya a kai. In yana yawo daga ido zuwa ido, a allo sai ya zama kamar mara gaskiya. Gira ta zauna. Gyaɗa kai a daina.

Kuma ya daina jiran dariya. A zaure in aka yi dariya dole ka dakata ta fara sauka sannan ka ci gaba, in ba haka ba jimlarka ta gaba ta ɓace. Wanda ya saba da wannan yakan bar rami bayan kowace barkwanci a gaban kyamara, ba kuwa mai dariya sai mai riƙe da sandar makirufo.

Amma kada a raina abin da ya zo da shi. Shi ne zai riƙe shafi uku a ka, ya maimaita sau shida, kofi yana tashi a kan kalma ɗaya kowane karo. Ƙ da ɗ da ɓ suna fita a bakinsa, ba ya haɗiye ƙarshen jimla, kuma ko ya ɗaga murya ba ya tauye wasali har garin tuwo ya koma garin Zariya. Komawa ta ɗaya hanyar, daga kyamara zuwa dandamali, ita ce mai wuya.

Mai Kyamara U/Rimi:
Ƙari kan hoton kusa: kada a matso da kyamara har hanci da gilashi mai faɗi, fuska kumbura take yi. A ja baya a sa gilashin kyamara mai jawo nesa, milimita 50 ko 85. Sai dai da 85 in an buɗe ƙofar haskensa sosai, ɗan wasa ya ɗan sunkuyo kaɗan ya fita daga fokas, ɗan dandamali kuwa da jiki yake magana. A rage ƙofar hasken zuwa lamba 4, a ƙara haske. Kyamara kuma ta zauna a hoto 25 a daƙiƙa, shata, wato tsawon lokacin da haske ke shiga kowane hoto, 1/50 na daƙiƙa, don wutar lantarkinmu zagaye 50 take yi a daƙiƙa. Wanda ya bar ta a 30 zai ga fitilar ɗaki tana kyafta ido. Waje kuwa daga sha ɗaya zuwa uku a bar shi, rana a tsakar ka, hula ta jefa inuwa, idanu su zama ramuka. Lokacin hazo ne kawai ake samun sassauci.

Edita na Malali:
Akwai wanda ban ji an faɗa ba: kallon abin da aka ɗauka. Darakta jarumi yakan taso bayan kowace ɗauka ya ce a mayar masa. Fitowar minti biyu, kallo minti biyu, tahowa da komawa da gyaran riga minti uku. Sau arba'in a wuni, awa uku sun wuce. Ni a ganina ya kalli ta farko don tsari, ya kalli wadda mataimaki ya ce ta yi, shi ke nan.

Mai Kyamara U/Rimi:
Ta farko da ta ƙarshe sun yi kaɗan in mataimakin sabo ne.

Edita na Malali:
In sabo ne ai tun farko bai kamata a ba shi kat ba.

Hajiya Mai Sutura:
Ku dai in zai taso kallon, a cire masa babbar rigar tukuna ko a hana shi zama. Kujerar roba tana karya shadda ta baya, kuma ba kowane lokeshan ke da dutsen guga ba.